Babi na Shida: Buɗaɗɗiyar Na'ura da Hanyar Komawa

A watan Janairun 2013 kamfanin Sony ya tabbatar da cewa ya daina ƙera PlayStation 2, bayan ta haura shekara 12 a kasuwa, an kuma sayar da fiye da miliyan 155. A Japan da Turai magana ta ƙare ke nan. A kudancin Kaduna kuwa na'urar ta ci gaba da ciyar da mutane. Kwantenonin kayan hannu suna sauka a Legas, 'yan kasuwa suna saro su daga Alaba, su hauro da su Arewa, har su iso Kafanchan da garuruwan da ke kewaye da ita.

Wanda ya bi hanyar Kafanchan zuwa Kwoi, ya ratsa ta Fadan Kagoma a ƙasar Gwong, ya san irin shagon da ake nufi. Benci biyu ne ko uku, talabijin a kan teburi, ƙaramin janareta yana kuka a waje, samari sun yi cincirindo suna jiran wanda za a ci ya miƙa hannun gem. Kasuwar ta fi ci a ƙarshen shekara, lokacin da aka haƙe citta kuɗi ya shigo gari, ɗaliban Kwalejin Ilimi ta Gidan Waya da na sauran makarantu suka dawo hutun Kirsimeti. In mutum ya matsa kusa da na'urar zai ga abubuwa uku. Gidan faifai babu komai a ciki. A gaba an soka filas ko an jona ƙaramin hadis. A ramin memori kuma akwai kati guda, sau da yawa an naɗe shi da salatif don kada wani yaro ya zare. Wannan katin shi ne jarin shagon, kuma a cikinsa manhajar haɗin gida take zaune.

Manhajar haɗin gida ita ce duk wata manhaja da mutane suka rubuta don ta yi aiki a kan na'urar gem ba tare da sa hannun kamfanin da ya ƙera na'urar ba. Wata mai sarrafa fayil ce, wata mai kunna bidiyo da kiɗa, wata tana kwaikwayon tsofaffin na'urori irin su Sega, wata kuma ƙaramin wasa ne da ɗalibi ya rubuta a ɗakinsa. Shi kansa Sony ya taɓa maraba da masu wannan sha'awa. A 1996 ya fitar da Net Yaroze, baƙar PlayStation ta masu koyon rubuta wasa. A 2002 ya sayar wa Turai da Amurka kayan ɗora Linux a kan PS2. PlayStation 3 ma da ta fito a 2006 ta zo da damar ɗora wani tsarin aiki daban, har rundunar sojin saman Amurka ta haɗa guda 1,760 ta mayar da su babbar kwamfuta a 2010. A ranar 1 ga Afrilun 2010 ɗin ne Sony ya janye damar, ta hanyar sabuntawa mai lamba 3.21. Masu ilimin abin suka fusata. Kafin shekarar ta ƙare, wata ƙungiya mai suna fail0verflow ta tsaya a gaban taron masana kwamfuta a Berlin ta nuna cewa Sony ya yi kuskure a lissafin makullinsa: lambar da ya kamata ta riƙa canzawa duk lokacin da aka sa wa manhaja hatimi, an bar ta guda ɗaya. A Janairun 2011 George Hotz ya wallafa makullin, Sony ya maka shi a kotu, suka sasanta bayan 'yan watanni.

Mai gidan gem a Kafanchan bai damu da wannan rigima ba. Abin da ya dame shi shi ne ido. Idon da ke karanta faifai shi ne ya fi saurin mutuwa a jikin PS2, ballantana a ƙasar da ƙurar hunturu ke shiga ko'ina, ga zafin Maris da Afrilu, ga na'ura tana aiki daga safe har dare. Masu aikin kwamfuta a yankin sun daɗe da sanin waɗannan abokan gaba. Gidauniyar Fantsuam, wadda aka kafa a 1996 take kuma aiki a Bayan Loko cikin Kafanchan, ta shafe shekaru tana koyar da matasa da tsofaffin kwamfutocin da aka gyara, kuma zafi da ƙura da rashin tsayayyiyar wuta su ne suka fi ba ta aiki. Na'urar da idonta ya mutu, a wurin kamfani ta gama amfani. A hannun mai gyara da ya san manhajar haɗin gida, tana da sauran shekaru a gaba.

Da can hanyar da aka fi sani ita ce: a buɗe cikin na'urar a liƙa mata ɗan guntu irin su Matrix Infinity ko kwaikwayonsa Modbo, da wayoyi kusan ashirin, kowanne siriri kamar gashi, a kan allon da kuskuren ɗigon dalma ɗaya ke iya kashewa. Cire shi ma wani aikin ne. A 2008 aka sami Free McBoot, wadda masu gyara ke taƙaitawa FMCB, kuma ita ta sauya sana'ar. Dabarar tana da kyau ƙwarai. Sony ya tsara PS2 ta yadda duk lokacin da aka kunna ta za ta leƙa katin memori ta ga ko akwai sabuntawa daga kamfani. FMCB tana zama a katin da kamannin wannan sabuntawar, na'ura ta ɗauke ta ta kunna. Ba a kwance ko noti ɗaya ba, ba a rubuta komai a jikin na'urar ba. A zare katin, PS2 ta koma yadda ta fito daga masana'anta. Duk cikin hanyoyin buɗe na'urar gem, da wuya a sami wadda ta kai wannan aminci.

Duk da haka ana ɓarna a nan ma, kuma yawanci gaggawa ke jawo ta. Mai gyara na kirki ba ya fara komai sai ya juya na'urar ya karanta takardar da ke manne a jikinta. Siririyar PS2 ta ƙarshe, mai lamba SCPH-90000 da ɗoriya, in lambar kwananta ta wuce 8C, wato ƙirar bayan tsakiyar 2008, Sony ya riga ya toshe ƙofar, FMCB ba za ta tashi ba. Irin waɗannan sai da wata dabara mai suna Fortuna. A takardar nan kuma ake ganin ƙarfin wutar da na'ura ke sha. Babbar PS2 da aka yi wa Amurka ko Japan tana son wuta tsakanin volt 100 da 120, tamu kuwa 230 ce, don haka in aka soka ta kai tsaye ba tare da taransifoma mai rage wuta ba, hayaƙi za a gani tun kafin a zo maganar manhaja.

Sai katin kansa. Na asali mai megabait 8 yana da tsarin tsaro na MagicGate, kuma da shi ake sa wa FMCB hatimi. Jabun katin da aka rubuta wa 64 ko 128 a jiki sau da yawa yakan ƙi karɓa, ko ya karɓa yau ya watse gobe. Kafin a taɓa katin, ana shiga uLaunchELF, mai sarrafa fayil, a kwashe duk ajiyar wasannin da ke ciki zuwa filas. Wannan mataki ne da ake yawan tsallakewa, alhali a wurin yaron da ya kwashe watanni yana gina ƙungiyarsa a Master League na wasan ƙwallo, ajiyar nan ta fi katin daraja.

Wajen cire FMCB akwai tarkon da ba kowa ya sani ba. Manhajar da ke ɗora FMCB tana da zaɓin da ke sa kati ɗaya ya yi aiki a kan kowace irin PS2, kuma a wasu nau'o'inta tana yin haka ne ta hanyar sarƙa fayiloli da juna don a rage cin wuri. Wanda ya shiga allon memori na na'urar ya goge waɗannan fayiloli ɗaya bayan ɗaya yana iya hargitsa katin gaba ɗaya, har da ajiyar da ba ruwanta. Ƙa'idar ita ce a koma cikin manhajar da ta ɗora, a zaɓi cirewar da ta dace da irin ɗorawar da aka yi. In ana so a wanke katin tas, sai a yi masa fomat bayan an kwashe ajiya.

A kan FMCB ake kunna Open PS2 Loader, wato OPL, mai ɗauko wasa daga filas ko hadis. Ƙorafin da masu shago suka fi kawowa shi ne bidiyon cikin wasa yana sarƙewa, sai su ɗauka an cuce su. Ba laifin mai gyara ba ne. Ramin USB na PS2 tsohon nau'i ne, 1.1, wanda iyakar gudunsa megabit 12 ne a daƙiƙa, bai kai na faifai ba. Babbar PS2 tana karɓar hadis a cikinta ta hanyar adaftar da ake ɗaurawa a baya, siririyar kuma tana iya jan wasa ta wayar sadarwa daga kwamfuta, kuma duk biyun sun fi filas gudu nesa ba kusa ba. Haka kuma filas mai tsarin FAT32 ba ya ɗaukar fayil guda da ya wuce gigabait 4, shi ya sa ake yayyanka manyan wasanni da USBUtil. Wanda ya ga gutsattsarin nan a kwamfuta ya ɗauka shara ce ya goge ɗaya, ya kashe wasan duka.

PS3 kuwa wata duniya ce, kuma a nan ne kuɗin mutane ke ƙonewa.

Bambancin shi ne ita ana rubutu a cikin ƙwaƙwalwarta ta ciki, wani ɗan guntu a kan allo mai ɗauke da abin da na'ura ke buƙata kafin ta iya ko nuna hoto. A nau'o'in farko girmansa megabait 256 ne, a na baya 16. A cikinsa akwai bayanan da suka keɓanta da wannan na'urar ita kaɗai, ba za a aro na maƙwabciyarta a zuba mata ba ko da lambarsu ɗaya, ranar ƙirarsu ɗaya. Saboda haka matakin farko, wanda babu uzurin barinsa, shi ne a kwafe wannan ƙwaƙwalwa zuwa filas, a duba kwafin da manhaja irin PyPS3checker a tabbatar lafiyarsa ƙalau, sannan a adana shi a wuri biyu. Fayil ne ƙarami, bai kai bidiyon biki ɗaya a waya ba. Da shi, na'urar da ta mutu a tsakiyar aiki tana iya farfaɗowa a hannun mai kayan aikin rubuta guntun kai tsaye. Babu shi, sai dai a sayar da ita a matsayin kayan gyara.

Daga nan sai a san wace hanya na'urar za ta iya ɗauka. Duk manyan PS3 na farko, da sirara masu lamba CECH-20 da CECH-21, da wasu daga cikin CECH-25, suna karɓar cikakken tsarin aiki da aka sauya. Akwai ƙaramar manhaja, MinVerChk, da ke faɗin mafi ƙanƙantar lambar tsarin da na'ura za ta iya ɗauka. In ta nuna sama da 3.56, hanyar a rufe take. CECH-30 da mafi sirantar nan mai murfin turawa, CECH-40 zuwa sama, ba sa karɓa sam, kuma tilasta musu kisa ne. Su aka yi wa PS3HEN a 2019, wadda ake tayarwa duk lokacin da aka kunna na'ura, ta kuma kwanta idan aka kashe. Ba ta kai waccan iko ba, amma haɗarinta kaɗan ne, kuma ga mai shagon da ƙwallo da dambe kawai yake so, ta wadatar.

Mintunan da ake rubutu a ƙwaƙwalwar ciki su ne mafi haɗari a rayuwar na'urar. In wuta ta ɗauke a lokacin, rabin tsohon tsari ya tafi, rabin sabo bai iso ba. Kamar mai sauya jinkar ɗaki ne da ya kware tsohuwar, hadari ya taso kafin ya ɗora sabuwar. A wannan yanki babu mai hankalin da zai dogara da wutar NEPA don irin wannan aiki, haka ma janaretan da ba a leƙa tankinsa ba. Inbata mai cikakken caji ko UPS shi ne daidai, kuma mai gyaran da ya ce wa abokin ciniki, "Oga, ka bar ta zuwa gobe, batirina bai cika ba," ya fi wanda ya karɓi kuɗi nan take sanin aikinsa. A cire faifai daga ciki kafin a fara, domin faifan wasa yakan zo da sabuntawar kamfani, na'ura kuma tana iya ɗaukar ta faifan ta bar ta filas. Fayil ɗin tsarin aiki sai an sa shi a jakar UPDATE da ke cikin jakar PS3, da sunan PS3UPDAT.PUP, sannan a gwada lambar tantancewarsa da wadda masu shi suka wallafa, saboda intanet mai yankewa yakan sauko da fayil guntu.

Inda aka samo fayil ɗin ma abin dubawa ne. A Oktoban 2005 aka baza wata manhaja da aka ce tana mayar da PSP, ƙaramar na'urar hannu ta Sony, tsohon tsari don a buɗe ta, ashe goge muhimman fayiloli take yi ta bar na'ura a mace. Kamfanin Symantec ya sa mata suna Trojan.PSPBrick. Yau haɗarin ya fi yawa a hadis ɗin da ke yawo daga shago zuwa shago, kowa ya kwafa ya ƙara nasa, babu wanda ya san asalin abin da ke ciki. Ingantattun manhajojin haɗin gida kyauta suke, mafi yawansu kuma a buɗe rubutunsu yake ga mai son dubawa. Duk wanda ya ce yana da wata ta sirri da sai an biya, a yi hattara da shi.

Bayan an buɗe na'ura, ɓarnar da ta fi yawa daga hannun masu wasa take fitowa. Manhajar multiMAN tana da mai sarrafa fayil da ke nuna har jakunkunan tsarin aiki, irin su dev_flash, kuma akwai zaɓin da ke ba da damar rubutu a cikinsu. A bar wannan zaɓi a kashe, a kuma hana yara shiga wurin. webMAN MOD kuwa, ban da jera wasanni, tana riƙe da gudun fanka, abin da ke da muhimmanci a shagon kwano da rana tsaka. Wanda ya cire ta ya sani fanka ta koma bin tsarin kamfani, wanda ya fi son shiru a kan sanyi, don haka sai a ƙara kula da busa ƙura da ba na'ura iska.

Buƙatar cire tsarin da aka sauya gaba ɗaya takan taso idan za a sayar da na'ura, ko mai ita yana son shiga PlayStation Network. Tun Fabrairun 2011 Sony ya sanar cewa wanda aka kama da buɗaɗɗiyar na'ura a kan hanyar sadarwarsa za a rufe masa ƙofa har abada, kuma rufewar tana iya hawa kan na'urar kanta, ta bi ta har hannun wanda ya saya daga baya. Tsarin cirewar yana da jeri. A fara kwashe ajiyar wasanni zuwa filas, domin hadis ɗin PS3 a kulle yake da makullin na'urarsa. In aka sa shi a wata PS3 fomat za ta nema, in aka jona shi a kwamfuta aka amsa tayin shirya shi, an lalata abin da ke ciki. Sai a sauke duk wasan da aka ɗora, a cire ƙananan manhajojin da ke tashi tare da na'ura, a goge sauran, sannan a shiga allon ceto, wanda ake samu ta riƙe maɓallin kunnawa har na'ura ta mutu, a sake riƙewa har a ji ƙara biyu a jere. Daga can ake ɗora tsarin Sony na asali, a ƙarshe a yi fomat.

Kafin duk wannan akwai tambaya ɗaya da ta fi shafar kayan hannu irin namu: allon da ke sarrafa gidan faifai yana da rai? Tsarin Sony yana duba shi a tsakiyar sabuntawa. In ya lalace ko an cire shi, aikin yakan tsaya da lambar kuskure 8002F14E, na'ura ta riƙa kewaye wuri ɗaya, ba ta gaba ba ta baya. Da yawa daga cikin PS3 da ke gidajen gem suna aiki ne kawai don an ɗora musu tsarin da aka yi musamman ya tsallake wannan dubawa. Irin wannan na'ura, mayar da ita asali shi ne kashe ta. Mai sayarwa ya faɗa wa mai saye gaskiya, a bar ta yadda take.

Saura maganar da ba a cika son yi ba. Mafi yawan abin da ke cikin hadis ɗin gidajen gem kwafin wasanni ne da ba a biya masu su ba, kuma wannan daban yake da manhajar haɗin gida, ko da ƙofa ɗaya suke shiga. Dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, ta taɓo har batun karya makullin da aka sa don kare aiki, ba kwafi kaɗai ba. A waje abin ya kai ga kurkuku: a Fabrairun 2022 wata kotu a Amurka ta yanke wa Gary Bowser na ƙungiyar Team Xecuter wata 40, kan sayar da kayan buɗe Nintendo Switch. Gaskiya ne an daina buga sababbin wasannin waɗannan na'urori, PES 2014 ce ta ƙarshe a PS2, FIFA 19 kuma ita ce FIFA ta ƙarshe a PS3, kuma faifan asali wuyar samu yake a Kafanchan. Wannan yana bayyana halin da ake ciki, amma bai mayar da kayan wani ya zama na kowa ba, kuma ya kamata mai sana'ar ya san inda doka ta tsaya.

Abin takaici shi ne yadda ake tsayawa a lodin wasanni kawai. A Brazil, daga wani shagon gem a jihar São Paulo aka fara Bomba Patch wajen 2007, gyararren wasan ƙwallon PS2 mai ɗauke da ƙungiyoyin ƙasar da muryoyin masu sharhinsu, har ya zama abin alfaharin matasan can. Kayan rubuta manhajar PS2, wato PS2SDK, kyauta ne a intanet, tsohuwar laftof ta isa aiki da shi, kuma wasan da mutum ya rubuta da kansa nasa ne. Matashin da ya iya bambance CECH-25 da CECH-30, ya iya tantance fayil, ya san abin da ke cikin dev_flash, ya riga ya yi nisa a hanyar da za ta kai shi ga rubuta wasan dara ko langa da Hausa ko da harshen Gyong.

Kafin a kai can, akwai abin da kowane mai na'ura zai iya yi a wannan mako. Duk wanda aka buɗe wa PS3 ya koma wurin mai gyaransa ya nemi kwafin ƙwaƙwalwar cikinta, ya tambayi sunan tsarin da aka ɗora mata da lambarsa, ya rubuta a takarda ya manna a ƙarƙashin na'urar. In mai gyaran bai ajiye kwafin ba, a ɗauki sabo yanzu, tun tana tashi.